Mece ce ma'anar sunan Ka-ming?

Ɗan Gwarinpa: Assalamu alaikum. Wani ɗan Hong Kong da muke aikin gini tare a nan Abuja ya miƙo mini katinsa, na ga an rubuta Chan Ka-ming. Wanne ne sunan yankansa, kuma me yake nufi?

Hajiya daga Wuse: Wa'alaikumus salam. Chan sunan zuri'a ne, domin Sinawa da shi suke farawa. Masu magana da Mandarin, babban harshen ƙasar Sin, kuma Chen suke cewa. Ka-ming ne nasa. Harafin Ming, idan 明 ne, rana ce da wata a haɗe, ma'anarsa haske, kuma shi ne sunan daular da ta mulki Sin daga 1368 zuwa 1644.

Malamin Kubwa: Hajiya ta yi daidai, sai dai Ka ɗin yana da sarƙaƙiya, saboda 家 mai nufin gida da 嘉 mai nufin nagarta furucinsu ɗaya ne a Kantonanci, yaren mutanen Hong Kong, har karin sautin, don haka rubutun boko ba zai raba gardama ba. Ka roƙe shi ya rubuta maka da hannunsa. Ka kuma tambayi sunan wansa, domin a wasu gidaje 'yan'uwa maza sukan yi tarayya a harafi ɗaya.

Ɗan Gwarinpa: Na gode, ya rubuta 家, kuma ƙaninsa Ka-ho ne.