Shin fina-finan labarin gaskiya ne suka taimaki masu fafutukar auren jinsi a Amurka?

Mai Nazari:
Assalamu alaikum. Ina rubuta takarda a kan yadda masu fafutuka ke amfani da kafafen yaɗa labarai, kuma na lura cewa a Amurka wasu masu zaman aure na jinsi ɗaya sun amince a ɗauki rayuwarsu a fim domin neman a daidaita haƙƙoƙinsu da na sauran ma'aurata. Tambayata ita ce, waɗannan fina-finai ne suka sauya doka, ko kuwa sai da kotu ta gama aikinta sannan fim ya biyo baya?

Baristan Zaure:
Wa'alaikumus salam. Alƙali ba da fim yake yanke hukunci ba, malam, kuma shari'ar Edith Windsor ta isa misali. Ita da Thea Spyer sun yi fiye da shekara 40 tare kafin su yi aure a Toronto a 2007. Da Thea ta rasu a 2009, gwamnatin tarayya ta ƙi amincewa da auren saboda dokar DOMA ta 1996 da ta ce aure tsakanin namiji da mace ne kawai, sai aka ɗora wa Edith harajin gado na dala 363,053, wanda da mijinta ne ya mutu ba za ta biya ko sisi ba. A 2009 ɗin nan fim ɗin rayuwarsu ya fito, amma abin da Kotun Ƙoli ta dogara da shi a watan Yunin 2013 shi ne kundin tsarin mulki. Hukuncin 2015 da ya halatta auren a dukkan jihohi ma da ƙyar ya wuce, alƙalai 5 da 4.

Hajiya Mai Kyamara:
Barista, a kan kotu ban musa maka ba, sai dai ba a kotu kaɗai ake yanke irin wannan magana ba. Laurel Hester 'yar sanda ce a gundumar Ocean ta jihar New Jersey, wadda ciwon dajin huhu ya kwantar, ta roƙi a bar wa abokiyar zamanta kuɗin fanshonta, shugabannin gundumar suka ce a'a. Jama'a suka yi ta cika zauren taronsu, ita kuma, da jiki ya ƙi, ta aika musu da roƙonta a bidiyo, gashin kanta ya zube, numfashi yana yi mata wuya. Suka janye matsayinsu a watan Janairun 2006, ta rasu a watan Fabrairu. Fim ɗin Freeheld da aka yi a kanta ya ci kyautar Oscar a 2008. A ganina aikin irin waɗannan fina-finai shi ne su sa mai kallo ya ga fuska, ya ji maganar fansho da kuɗin gida, maimakon taken siyasa. Binciken jin ra'ayin jama'a na Gallup ya nuna goyon bayan Amurkawa ga auren jinsi ya tashi daga kashi 27 cikin ɗari a 1996 zuwa kashi 60 a 2015, ko da yake ba zan jingina wannan duka ga fim ba.

Ɗan Jarida:
Ka kuma saka a takardarka cewa fitowa a fim ba ko'ina take da sauƙi ba. David Kato, mai fafutukar haƙƙin masu neman jinsi ɗaya a Yuganda, an kashe shi a watan Janairun 2011 ana tsakiyar ɗaukar fim ɗin da ya fito a ciki, watanni kaɗan bayan wata jarida ta buga hotonsa. Irin wannan haɗari ne ya sa waɗanda suka yi fim ɗin da ya fito a 2020 a kan masu neman jinsi ɗaya na yankin Chechniya a Rasha suka yi amfani da kwamfuta suka ɗora wa mutanen fuskokin wasu masu sa kai, don kada danginsu ko hukuma su gane su.