Muhawara: Wa Alice Guy ta yi wa ba'a a fim ɗinta na 1906, mata ko maza?

Malam Habu: Ra'ayina shi ne, fim ɗin Les Résultats du féminisme (wato Sakamakon Gwagwarmayar 'Yancin Mata) da Alice Guy ta shirya wa kamfanin finafinai na Gaumont a Faransa a 1906 ba'a ce tsagwaronta ga matan da ke neman 'yancinsu. An nuna maza suna guga da ɗinki da raino, mata kuwa suna mashaya suna busa taba, amma daga ƙarshe mazan suka yi bore suka fatattake su, kowa ya koma matsayinsa.

Hajiya Rabi: Malam, ka riƙe ƙarshen fim ɗin ka saki tsakiyarsa. Me ya tunzura mazan? Wahalar aikin gida ce da cin fuskar da ake yi musu, har mace tana tare namiji a hanya tana matsa masa, wato abin da matan Faransa ke sha kullum a lokacin da ko ƙuri'a ba su da ita, domin sai a 1944 aka ba su wannan dama. Idan namiji ya kasa jure hakan a fim na 'yan mintuna, ai mai kallo zai tambayi kansa yadda matarsa ke jurewa shekara da shekaru. Kada kuma a manta, wadda ta shirya shi mace ce da ke jagorantar shirya finafinai a Gaumont, maza na aiki a ƙarƙashinta.

Malam Isa: Hajiya tana da hujja, musamman idan aka kwatanta da fim ɗin A Woman na ɗan wasan barkwanci Charlie Chaplin na 1915, inda ya aske gashin baki ya sa kayan mata don ya yaudari mahaifin budurwarsa. Can shigar ce abin dariya. A fim ɗin Guy kuwa mazan suna cikin wandunansu, aiki da iko ne aka musanya.

Malam Habu: Na ji, ranki ya daɗe, sai dai fim marar magana ba ya yi wa kowa bayani, kuma sunan da aka raɗa masa ya ɗora wa gwagwarmayar mata alhakin rikicin tun kafin a fara kallo.

Hajiya Rabi: Da ba'a kawai take nufi, da wuya ta sake komawa kan batun a 1912 a kamfaninta na Solax a Amurka, da fim ɗin In the Year 2000, wanda ya nuna zamanin da mata ke mulki. Abin takaici, wannan fim ya ɓace.