Yawan Wanka Yana Ɓata Fatar Mage da Kare

A wata tattaunawa da masu kiwon mage da kare suka yi da likitan dabbobi a Kaduna, maganar da ta fi jan hankali ita ce ta wanka. Da yawa sun ɗauka wanka kullum shi ne tsafta, alhali fatar dabba tana fitar da wani maiƙo da ke kare ta, sabulu kuma yana wanke shi tas. Daga nan sai bushewa, sai ƙaiƙayi, dabba ta yi ta susa har ta ji wa kanta ciwo, ƙwayoyin cuta su samu ƙofar shiga. Abin ya fi muni da hunturu, lokacin da ko mu mutane fatarmu ke tsagewa.

Shawarar da aka tsaya a kai: kare mai lafiya wanka sau 1 a wata ya ishe shi, sai dai in ya yi birgima cikin taɓon damina. Mage kuwa tana lashe jikinta da kanta, a taje mata gashi kawai.

An ja kunne sosai kan Omo da sabulun mutane, don fatar dabbobin ba irin tamu ba ce. Dettol ma yana iya zama guba ga mage, haka maganin kaska na karnuka mai sinadarin kashe ƙwari na fametirin (permethrin). Wannan na ga ya kamata kowace uwar gida ta sani, domin da kyakkyawar niyya ake yin ɓarnar.

Idan gashi ya fara zuba ko ƙuma ta yi yawa, a kai wa likitan dabbobi, kada a ƙara wanka.