Musayar Waƙa: Ina Silimar Unguwa?

Tsohon Mai Majigi:

Assalamu alaikum 'yan zaure. Yau na ɗora waƙa a kan gidajen silima na unguwa, masu allo ɗaya da ƙofa ɗaya. Manyan birane da yawa sun yi su, kuma yawancinsu sun rasa su. Na riƙe amsa-amon "wa", amma ban ɗaure kowa da shi ba.

Da sunan Rabbu zan fara,
Shi ya ba mu ido da basira,
In waƙe gidan da ya tara
Jama'ar unguwa babu warewa.

Kowace unguwa tana da nata,
Da ƙafa ake zuwa, ba mota,
Fitilun ƙofa sun haskaka ta,
Tun daga nesa kake hangowa.

Layi ya miƙe ya sha kwana,
Mai tikiti ya san sunana,
Ya san mai zuwa dare da rana,
Ya san yaro mai satar shigowa.

Yau ka bi ta wurin ka duba,
Ginin an rushe ko an raba,
Sunan goshinsa ba za ka gani ba,
Wa zai faɗa mana dalilin macewa?

Malamar Tarihi:

Baba, Allah ya ƙara basira. Kafin a yi kukan mutuwa, bari a san ranar suna.

Disambar 1895, can Faransa,
'Yan'uwa biyu, Lumière, suka sa
Aka biya kuɗi a wani ɗakin ƙasa,
Hoto na motsi, ana ta dubawa.

Bayan shekara goma, a Amurka,
Wani shagon Pittsburgh aka ɗauka,
Lebura ya tashi aiki ya leƙa,
Kafin ka ce kwabo sun cika garuruwa.

A 1927 allo ya yi magana,
Shekarar aka buɗe Roxy mai suna,
Kusan mutum 6,000 kan zauna,
A 1960 aka zo rushewa.

Ita Roxy babban gidan silima ne da ya kasance a tsakiyar New York. Tsarin lokacin shi ne sabon fim ya fara a irin waɗannan manyan gidaje, bayan makonni ya gangaro unguwa. Wanda bai gaggauta ba sai fim ya iske shi kusa da gida. A Birtaniya an sayar da tikiti sama da biliyan 1.6 a 1946. Zuwa 1984 abin ya faɗo miliyan 54.

Gwaggon Yara:

Malama, lissafi naki ne. Ni abin da ido ya gani zan faɗa.

Ana kashe fitilu hayaniya ta kwanta,
Haske ya keto ta 'yar taga bisa kai.

Ƙura na yawo a cikin hasken nan,
Ka ɗaga hannu, inuwarka ta hau allo sarai.

Mai tocila na rakiyar wanda ya makara,
"Matsa kaɗan, Yaya," a gyara masa zama daidai.

In mugu ya lallaɓo ta bayan jarumi,
Ɗaki duka ya ɗau ihu: "Waiwaya mana, kai!"

Maƙwabcin da ba ma ga maciji da shi,
Dariya ɗaya ta kama mu, har da riƙe ciki sosai.

In fim ya tsinke allo ya yi fari fat,
Fito da buga ƙafa, Baba, duk a kanku dai.

A fito a taka gida ana musu a hanya,
Kowa na ba da labari kamar shi ya gani kaɗai.

Wannan nake wa kuka, ba bulo da siminti ba,
Yau kowa na kallo a ɗakinsa ɗai-ɗai.

Tsohon Mai Majigi:

Gwaggo, kin sosa mini inda ke ƙaiƙayi. Fiton nan mun sha shi. Ga abin da ke wakana a bayan 'yar tagar, lokacin da kuke buga ƙafa.

Inji biyu ne a ɗakin sama,
Faifai guda minti ashirin ya gama,
Ɗigo ya fito a kusurwar dama,
Alama ce ta shirin sauyawa.

Ɗigon farko ka ta da injinka,
Na biyu ka sauya da hannunka,
In ka ƙware ba mai jin ɗuriyarka,
Labari na tafiya ba yankewa.

Sandunan gawayi biyu ke ba da wuta,
Suna cinyewa kana gyara ta,
Zufa na zuba, ba damar ka huta,
Hoto 24 duk daƙiƙa na wucewa.

Fim na dā in ya kama da gobara,
Ruwa ba ya kashe shi, sai hattara,
Wajen 1950 aka gyara,
Aka zo da wanda ba ya saurin kamawa.

Sai aka zo da babban faranti,
Fim duk a naɗe, ba ƙirgen minti,
Ko yaron da ke yanka tikiti
Zai danna maɓalli ya bar shi juyawa.

Daga farantin nan aikinmu ya fara ƙarewa, tun gidajen suna tsaye da ƙafarsu. Mutum ɗaya ya isa ya kula da ɗakuna da yawa.

Ɗan Autan Zaure:

Baba, Gwaggo, a gafarce ni, ban riski zamanin ba.

Ba rashin kunya ba ne, tambaya ce kawai,
Wa ya fara barin kujerun nan, in za a bi gaskiya?

Ku ne kuka sayi talabijin kuka kafa a falo,
Ku ne kuka yi hayar kaset tun kafin mu zo duniya.

Kujera ta yage, rufi na yoyo, ba mai gyara,
Mai iyali ya ga gara ya zauna gida lafiya.

Yau fim dubu na cikin wayar da ke aljihuna,
In tsayar, in koma baya, in kalla har safiya.

Tsoho da mara lafiya da wanda ke nesa da birni,
Su ma yanzu suna gani, ba sai sun sha tafiya.

To me na rasa, Gwaggo? Faɗa mini in ji,
Ban taɓa zama ciki ba, ya zame mini tatsuniya.

Malamar Tarihi:

Auta, rabin gaskiya na hannunka. Talabijin ya ci kasuwa, kaset ɗin VHS da kamfanin JVC ya fitar a 1976 ya ƙara ci. Amma mutane ba su daina zuwa silima ba, silimar ce ta bar unguwa.

Jama'a sun tashi zuwa gefen gari,
Mai mota na neman fili da sarari,
Aka gina manyan kantuna a jeri,
Silima ta bi su can tana tarewa.

A 1963, a Kansas City,
Allo biyu, bango ɗaya na siminti,
Taga ɗaya ke sayar da tikiti,
Riba biyu, ma'aikata ba ƙaruwa.

Mai allo ɗaya in fim bai karɓu ba,
Ɗaki wayam, bai ci riba ba,
Mai allo goma bai damu ba,
Ɗaya ya faɗi, tara na cikewa.

Baitin nan na ƙarshe shi ne jigon abin a ganina. A Birtaniya mai allo 10 ya fara a Milton Keynes a 1985, shekara ɗaya kacal bayan faɗuwar da na ambata, kuma daga nan yawan masu zuwa ya sake hawa. Sai dai hawan bai amfani ƙananan gidaje ba.

Waɗanda suka jure har ƙarnin nan,
Aka ce fim na faifai ya ƙare ke nan,
Sayi injin dijital ko ka tsaya nan,
Ƙaramin gida, ina kuɗin sayowa?

Korona a 2020 ta rufe ƙofa,
Haya na tafiya, ba mai sa ƙafa,
Mai fili ya ce bene zan kafa,
Wasu ƙofofin har yau ba buɗewa.

Gwaggon Yara:

Ɗana, ka tambaye ni, ga amsa. Maganarka a kan tsoho da mara lafiya kuwa na yarda da ita.

Wayarka na ba ka abin da ka saba zaɓa,
Mu abin da aka kawo muke gani, mu da kowa daidai.

Ba a tsayar da fim don wani ya amsa kira,
Awa biyu cur ka ba shi hankalinka da rai.

Kujerar mai kuɗi daban, ta talaka daban,
Amma hawaye ɗaya muka share, fim ɗaya ne dai.

Ɗan Autan Zaure:

Na ji, Gwaggo, zancenki ya shige ni,
To waɗanda ba a rushe ba fa, me suka zama a duniya?

Malamar Tarihi:

Gidan silimar Michigan na Detroit a Amurka, ginin 1926, ya koma wurin ajiye motoci a ƙarshen shekarun 1970. Grand Splendid na Buenos Aires a Ajantina ya zama kantin littattafai a 2000. Kings na Brooklyn a New York an buɗe shi a 1929, aka rufe a 1977, ya yi shekaru ruwa na cin adonsa, aka gyara aka sake buɗewa a 2015 a matsayin dandalin kiɗa da waƙa. A Birtaniya da yawa sun koma gidajen cacar bingo, wasu coci, wasu kanti.

Wani motoci ke kwana cikinsa,
Adon filasta na nan a rufinsa,
Wani littattafai sun cika benensa,
Wani mawaƙa ke ta cikawa.

Ina murna da duk ginin da ya tsira, amma dukkan ukun nan sun bar sana'arsu ta farko.

Tsohon Mai Majigi:

Akwai kaɗan da suka tsira da sana'ar, Malama, kuma mutanen unguwa ne suka tsirar da su.

Wasu unguwanni sun kafa ƙungiya,
Aka tara kuɗi aka kama haya,
Mai fenti da kafinta suka bar biya,
'Yan sa-kai ke shara da karɓawa.

Auta, irin waɗannan gidaje su ne ke aro tsofaffin finafinai daga rumbunan adana fim. Da yawa daga rumbunan ba sa ba mai faranti aro, domin kafin a naɗa fim a faranti sai an yanke kai da wutsiyar kowane faifai a liƙa su, kuma kowane yanka asara ce. Sharaɗinsu inji biyu da mutumin da ya iya sauyawa. Don haka har gobe ana neman mai wannan hannu, kuma masu shi sun yi ƙaranci.