Irin su Thelma Ritter, me za mu ce musu da Hausa?

Jama'a salamu alaikum, ina neman taimako kan wata kalma. Ina ɗan rubutu kan tsofaffin finafinan Amurka, na zo kan Thelma Ritter sai na tsaya cak, saboda abin da Turawa ke kiranta, character actress, ban san me zan rubuta a madadinsa ba, kuma bana son in jefa Turanci tsakiyar Hausa haka kawai.

Ga wanda bai santa ba: 'yar Brooklyn ce, an haife ta 1902 ta rasu 1969. Ta yi wasan dandamali da na rediyo, ta yi aure ta rene 'ya'ya, fim ɗinta na farko sai 1947, Miracle on 34th Street, tana da shekara 45, ko sunanta ba a rubuta ba. Fitowa ce 'yar ƙarama, uwa a kanti tana neman wa ɗanta abin wasa, duk ta gaji, amma daga nan daraktoci suka fara nemanta. Daga baya sau 6 ana sa sunanta a takarar Oscar, babbar kyautar fim ta Amurka, huɗu a jere na finafinan 1950 zuwa 1953, sannan na 1959 da 1962, ba ta taɓa ci ba ko sau ɗaya, abin yana min ciwo wallahi. Tony dai, kyautar wasan dandamali, ta samu a 1958, a talabijin ma ta yi The Catered Affair a 1955.

Wani ɗan'uwa ya ce in rubuta "mataimakiyar jaruma". Yaya na gode, amma wannan ai sunan rukunin da ake sa ta a Oscar ne, yana auna girman rawar ne kawai, ko kin fito sau biyu ko sau goma. Yarinya kyakkyawa da ta fito ƙawar jaruma ita ma mataimakiya ce, amma ba irin Thelma ba ce.

Wata kuma ta ce "'yar rakiya". Hajiya wannan kam a'a. Ɗan rakiya a bakinmu wanda ya zo cika wuri ne ba ruwansa da abin da ake yi. Ki nemi Pickup on South Street na 1953 ki kalla. Ta fito a matsayin Moe, tsohuwa mai tallan nektai a titi tana kuma sayar wa 'yan sanda labari, duk kwabon da ta samu tara shi take don a binne ta a kabari na mutunci, kar a jefa ta ramin da ake zuba marasa gata. Akwai inda ta dawo ɗakinta da dare ƙafa ta yi nauyi, ta kunna garmaho ta kishingiɗa a gado, sai ga mutumin da ke neman ta faɗa masa inda yaron da take kallo kamar ɗanta yake, ta san kashe ta zai yi, ta dube shi da idon wadda duniya ta gama gajiyarwa ta ƙi faɗa. Ni dai bayan an gama fim ɗin fuskarta ce ta tsaya min, ba ta jarumin ba. Wannan ba rakiya ta zo yi ba.

"Mai fitowa a uwa" ma ya yi kaɗan, don ta yi mai aikin gida, ta yi nas a Rear Window na 1954 tana yi wa jarumin fim ɗin James Stewart tausa tana masa faɗa kan leƙen maƙwabta.

Abin da na lura shi ne ba don kyau ko soyayya ake kiran irinsu ba, don hali ne. Fuska, murya, yadda take ajiye kofi, da ta shigo ka san wace irin mace ce, ka san wata a unguwarku mai irin halinta sak. Mu ma ai muna da su a Kannywood, marigayiya Saratu Gidaɗo Daso da ta rasu 2024, Allah ya jiƙanta, in ta fito uwar miji ko kishiya kafin ta buɗe baki gabanka ya faɗi.

Shi ya sa nake ganin "jarumar hali". Namiji jarumin hali, jam'i jaruman hali. Na san wani zai ce jaruma ai ita ce babbar tauraruwa, gaskiya ne asali, amma yanzu duk wanda ya fito a fim jarumi 'yan jarida ke ce masa, kalmar ta riga ta faɗaɗa. Na yi tunanin "'yar wasan hali" ma, sai na ji ya yi tsawo kuma kamar ana cewa wasa take da halin mutane.

Damuwata ɗaya, wani zai iya ɗauka mace mai jarumtar zuciya ake nufi. To a farkon ambato sai a ce jarumar hali a fim, daga nan a ci gaba da gajeren. Haka zan sa a rubutun nawa, in akwai mai wadda ta fi zama a baki ya kawo kafin Juma'a, lokacin zan miƙa.