Waɗanda suka taɓa zuwa bakin kogin Mono a Garan Popo, ku ba mu labari

Ɗan Bagalam:
Assalamu alaikum jama'a. Yayana da ke zaune a Zangon Kwatano ya matsa in kawo masa Baba su gaisa, sun daɗe ba su sa juna a ido ba. Baba ya haura saba'in, kuma babban ruwan da ya taɓa gani shi ne tabkin Madarumfa. Ya ce in har Allah Ya kai shi, a nuna masa teku kafin ya dawo. Yaya ya ce akwai yawon yini guda da ake yi da ɗan jagora zuwa Garan Popo, a shiga kwalekwale har inda kogin Mono yake faɗawa teku, wurin da suke kira Bush di Ruwa. Shi kansa bai taɓa zuwa ba, shago ba ya barinsa. Don Allah wanda ya je da ƙafarsa ya faɗa mini gaskiya: dattijo zai iya?

Direban kamyo, Sabon Gari:
Wa alaikumus salam ƙanena. Na je sau biyu, duka kafin a rufe gadar Gaya da Malanbil a 2023. A lokacin muna yin kwana goma, wani lokaci fiye, muna jiran lodi a tashar jiragen ruwa ta Kwatano, zaman ya ishe mu, sai mu haɗa kuɗi mu biyar mu ɗauki mota.

Ku tashi da an sallame asuba. Garan Popo wajen kilomita 85 ne yamma da Kwatano, a kan hanyar Lome, an wuce Wida. In kun bari rana ta fito, cunkoson fita gari zai cinye muku safiyar. Daga garin sai ku bi hanyar rairayi, teku a gefe guda, kogi a ɗaya gefen, har ƙauyen Avlo. Can ake shiga jirgi.

Abin da ya ƙona mini rai a zuwan farko: mun yi ciniki da wani a Kwatano ya ce kuɗin ya haɗa komai, da muka isa bakin ruwa sai ga kuɗin mai daban, na mai tuƙi daban. Shi kuwa mutumin Kwatanon ashe ko sunan ƙauyukan bai sani ba. A na biyu muka nemi jagora ɗan wurin, aka yanke magana tun a tudu, kuma kowa aka ba shi rigar ruwa. Kada Baba ya sa ƙafa a jirgin da babu rigar nan, kuma ku nemi mai rumfa.

Malama, Zariya:
Ni wani horon malamai ne ya kai ni Benin, ranar hutu aka kwashe mu zuwa can. Na shekara ina koya wa yara darasin dajin mangurob daga hoton littafi, ban san ban fahimce shi ba sai da jirgi ya kutsa da mu cikinsa. Itace ne tsaye a cikin ruwan gishiri, saiwoyinsa a waje sun lanƙwaso kamar ƙafafun gizo, ƙananan ƙaguwa na hawa suna sauka a kansu. Jagora ya sa aka kashe inji, aka koma tura jirgi da gora. Sai wuri ya yi tsit, ba ka jin komai sai ɗigar ruwa da fukafukan zalɓe. Ya tsinko mini ɗan itacen, dogo siriri kamar zungureriyar kuɓewa, ya ce tun yana bisa uwarsa yake tsira, in ya faɗo ya cake a laka shi ke nan ya kama. Kowannenmu ya dasa ɗaya.

A cikin saiwoyin nan kifi da jatan lande suke girma kafin su fita teku, kuma su ne ke riƙe gaɓa kada ruwa ya cinye ta. Shi ya sa UNESCO ta sa yankin cikin wuraren da take kula da su a 2017, Benin da Togo suka haɗu a kai. Amma abin da ya fi tsaya mini shi ne yadda mutanen ƙauyukan suka ware wasu sassa suka damƙa wa Zangbeto, dodonsu mai gadin dare, suka ɗaura alama. Inda alamar take ba mai sa gatari. Ba addininmu ba ne, ban kuma ce a kwaikwaya ba. Sai dai na zauna a jirgin ina tuna sassaben zamani da ya faro a nan ƙasar Maradi a shekarun 1980, yadda manomi ya koyi barin tohon gawo a gonarsa har gonaki suka sake yin inuwa. Su ma da hannunsu suka sare, da hannunsu suke mayarwa.

Kuma tabkinmu na Madarumfa yana cikin rajistar Ramsar, wato jerin tabkuna da fadamu masu muhimmanci na duniya, tun 2019, irin wadda wancan yankin yake ciki. Mutum nawa a cikinmu suka san haka?

Hajiya, Mokoyo:
Malama kin faɗi itace, ni matan gishiri ne suka tafi da zuciyata. Ɗana, in kun je ku ce a tsaya da ku wurinsu, ko a tsibirin gishiri da ke kan hanyar jirgi, ko a Jegbaji kusa da Wida. Da rani suke aikin. Mace za ta kankare ƙasar da ruwa ya janye ya bari, ta tara ta tsibi tsibi, ta zuba a wani babban kwando, ta kwarara ruwa a kai, yana tsiyaya ƙasa kamar yadda muke tatar toka. Wata ta jefa ƙwarar manja cikin ruwan da ta tata, ta nuna mini da hannu: in ta taso sama ruwan ya yi ƙarfi, in ta nutse da saura. Daga nan sai wuta. Na leƙa bukkar da suke dafawa, ban yi minti biyu ba na fito ina hawaye don hayaƙi, ita kuwa da goyo a bayanta tun safe take ciki.

Ba na jin yarenta, ba ta jin Hausa, amma na gane aikin sarai, don haka ake yin gishirin Foga a wajen Gaya, wanda kakata take saye tun muna yara. Na sayi ƙulli uku ban nemi ragi ba. Ku ma kada ku nema. Jagora ya ce itacen dahuwar nan shi ne ya ci dajin da, shi ya sa ake ta fama a sama musu wata hanyar. Ni dai na ce a raina: a hana mace itace ba a ba ta madadi ba, da me za ta ciyar da ƴaƴanta?

Ɗan Bagalam:
Allah Ya saka da alheri Inna. To salla fa? Baba ba ya wasa da lokaci, kuma an ce ruwan duk gishiri ne.

Malam, Limanci:
Ruwan teku mai tsarki ne mai tsarkakewa, hadisi ne sananne, yana cikin Muwaɗɗa. Ni da shi na yi alwalar azahar a bakin gaɓa, sai dai kurkurar baki ta sa na san na taɓa gishiri. Ku riƙe buta da tabarma. Daga can alƙibla gabas ce ta karkata arewa. A wajen cin abinci ku ce a gasa muku kifi a gabanku, kuma in an miƙo wani farin ruwa a ƙaramin kofi a matsayin maraba da baƙo, ku tambaya tukuna. Sodabi suke ce masa, giya ce ta ruwan bishiyar manja. Mu da muka ce ba ma sha, ba wanda ya ɓata rai, kwakwa suka fasa mana.

Ɗalibi a Lome, ɗan Ali Ɗan Sofo:
Yaya, ni abu ɗaya zan roƙe ka, kada kowa a cikinku ya shiga tekun nan. Mu ta Togo muka zo, muka bi Aneho muka ƙetare a Hilakonji. Bayan yawon jirgi aka sauke mu a wani siririn tudun rairayi, nan kogi kwance lumui, can teku na ruri, tsakaninsu taku kaɗan. Jagora ya faɗa ya maimaita, iyakar ƙwauri. Abokina da ya tashi yana iyo a Gulbi da damina ya ce ai shi ɗan ruwa ne. Ruwa bai wuce cinyarsa ba. Igiya ta doke shi, da za ta koma sai ta kwashe rairayin da ke ƙarƙashin ƙafarsa, kafin mu yi ihu ya yi nisa, kansa kawai muke hangowa yana ɓacewa yana fitowa. Masunta biyu da ke gyaran taru ne suka faɗa suka fito da shi. Ya yi ta aman ruwa, jikinsa na rawa, har muka koma Lome bai yi magana ba. Har yau in na tuna gabana faɗuwa yake.

Gaɓar can tana da gangara, ja take yi daga ƙasa, ba a gani da ido. Baba ya tsaya inda kumfa ke ƙarewa, kana riƙe da hannunsa.

Mai shago, Babbar Kasuwa:
Ni gaskiya ban ji daɗi kamar ku ba. Rana ta gasa mu, zafin can mai ɗanko ne ba irin namu ba, gumi ba ya bushewa. An yi mana alkawarin kunkurun teku, ko ɗaya ban gani ba. Ga dattijo, yini guda daga Kwatano a koma ya yi yawa.

Malama, Zariya:
Alhaji, wanda ya yi maka alkawarin ne bai kyauta ba. Uwar da dare take fitowa ta haƙa rami ta zuba ƙwai, wajen ɗari a zama ɗaya, ta rufe ta koma, kuma tana da lokacinta, galibi daga ƙarshen damina zuwa sanyi. Masu gadin gaɓa suna kwashe ƙwan su binne a wani shinge saboda karnuka da masu ci, sai bayan kusan wata biyu su ƙyanƙyashe. Mu mun dace, an saki wasu da yamma a gabanmu. Na ɗora ɗaya a tafin hannuna, bai cika shi ba, yana ta iyo da hannuwansa a iska. Da na aje shi bai yi dama ko hagu ba, teku ya nufa. A maganar gajiya kam ina tare da kai. Su kwana a Garan Popo su shiga ruwa da sanyin safiya.

Manomi, Jiratawa:
Ni da mai tuƙin jirginmu muka yi hira, yana ɗan jin Hausa don ya taɓa zama Malanbil. Ya ce tun da aka gina madatsar Nangbeto a Togo a 1987, kogin ya sauya hali, ruwa na zuwa lokacin da aka sako shi, bakin ma ba ya zama wuri ɗaya, yana matsawa yana cin ƙasa. Na ce masa mu ma haka muke da Gulbin Maradi tun da aka tare shi a Jibiya, fadamar da iyayenmu suka sani ba ita muke nomawa ba. Ya daɗe yana kallona, sai ya ce ashe har can. Ku guji watan Satumba da Oktoba, lokacin ne Mono ke cika ya shiga gidaje.

Ɗan Bagalam:
Na karanta wa Baba duka bayan isha'i. Ya sa na maimaita masa na Hajiya sau biyu. Mun tsayar sai sanyi ya shigo, kuma za mu kwana can. Ya ce in tambaya ko ana barin mutum ya ɗebo ruwan tekun a gora, yana so ya kawo wa Inna ta ɗanɗana.

Direban kamyo, Sabon Gari:
Ba mai hana shi. Ka ba wani masunci gorar ya ɗebo muku, kada kai ka shiga. Ka ɗaure bakin da leda sosai, tawa a Paraku ta zube mini cikin kaya.