Kalaripayattu a Kerala: motsa jiki ne ko bauta? Ina neman shawara

Ɗan_Fagge:

Assalamu alaikum jama'a. Ina shekara ta biyu a karatun harhaɗa magunguna a Kozhikode, jihar Kerala, kudancin Indiya. Tun ina yaro ba a raba ni da gidan dambe, ko da yake ban taɓa ɗaure hannu ba, kallo dai da ihu. Makon jiya wani abokin karatuna ya ja ni wurin da yake koyon kalaripayattu, wasan yaƙin gargajiya na mutanen Kerala, tun ƙarfe shida na safe ba ta yi ba.

Wurin ba fili ba ne, rami ne aka haƙa, zurfinsa ya kusa ƙirjina, aka daɓe shi da jar ƙasa, aka rufa da ganyen kwakwa. Samari da yara sun shafe jiki da man riɗi, daga su sai ɗan bante, suna wurga ƙafa sama har ta wuce kai, malamin yana rera musu umarni da Malayalam, harshen mutanen jihar, kamar mai yi wa maza kirari. Wallahi ya tafi da ni.

Ga inda gizo ke saƙar. Duk wanda zai shiga sai ya fara jefa ƙafar dama, ya taɓa ƙasa ya kai hannun goshi, ya nufi wata kusurwa mai ɗan tudu da matakala, da fitilar mai da furanni, ya rusuna, sannan ya taɓa ƙafar malami. Abokina ya ce girmamawa ce kawai. Ni raina bai kwanta ba. Wanda ya san abin nan ya warware mini, in shiga ko in haƙura?

Bazazzagi:

Wa alaikumus salam ƙanena. Na zauna Kerala shekara huɗu, kuma zan gaya maka ba ɓoye-ɓoye: abokinka ya sassauta maka magana ne don kada ka gudu.

Tudun nan sunansa puttara. Matakalarsa bakwai, kullum yana kudu maso yamma, kuma mazaunin allahiyar da suka yi imani tana tsare wurin ne, wadda galibi suke kira Bhagavati ko Bhadrakali. Kusa da shi akwai wurin Ganapati, mai kan giwa, da wurin tunawa da malaman da suka shuɗe. Shi kansa ramin ba a haƙa shi yadda aka ga dama, tsawonsa ƙafa 42, faɗinsa 21, ƙofa na kallon gabas. A wajensu ɗakin ibada ne da makaranta a haɗe. Mutanen arewacin Kerala suna danganta asalin wasan ga Parashurama, ɗaya daga cikin siffofin Vishnu, abin bautar 'yan Hindu, na kudu kuma ga waliyinsu Agastya. Ka jira lokacin bikin Navaratri ka gani: za a jera takubba da sanduna gaban tudun a yi musu bauta, ranar Vijayadashami kuma, wadda ke rufe bikin, a karɓi sababbin ɗalibai.

To amma ba nan zancen ya ƙare ba. Musulmin Malabar, yankin arewacin Kerala inda kake, wato Mappila, sun daɗe cikin wannan harka, haka Kiristocin Kerala. Akwai kalari, wato irin wannan wurin horo, na Musulmi inda ba za ka ga puttara ba, da addu'a ake farawa. Kana Kozhikode kuwa, kamar mai neman ruwa ne a bakin kogi. Ka tambaya a masallacin da kake Juma'a.

Abin da zan ja maka kunne a kai daban ne: kada ka je da zumuɗin riƙe takobi. Matakai huɗu ne. Na farko sarrafa jiki zalla, tsalle da lanƙwasa da tsayuwar dabbobi, irin ta giwa da zaki da doki da maciji. Sai makaman itace, doguwar gora da gajeren kulki da wata lanƙwasasshiyar sanda da ake kira otta. Sai na ƙarfe, wuƙa da mashi da takobi da garkuwa, a ƙarshensu urumi, takobin nan mai laushi kamar bulala da ake naɗewa a ƙugu. Hannu-da-hannu shi ne na ƙarshe. Su tun suna shekara bakwai ake kai su. Ni da na fara da gemuna, wata uku ina mataki na farko, ko ruku'u da ƙyar nake yi don ciwon cinya.

Maman_Ilham:

Ni ba wasan na sani ba, tausarsu na sani. Na raka maigidana jinyar baya a can, wani malamin kalari ne ya yi masa. Igiya suke ratayewa a rufi, ya riƙe ta, ya dinga bin jikin mutum da tafin ƙafa bayan an sha shi da mai. Lokacin damina suka fi yi. Ka san malaman nan maɗora ne kuma, sun haddace wuraren da suke kira marma, fiye da ɗari a jikin mutum, inda bugu ke sumarwa ko kashewa. Wanda ya san inda zai karya, shi ya san inda zai ɗora. Kai da ke karanta magani, ai wannan ɓangaren ya fi dacewa da kai.

Kuma kada ka ɗauka na maza ne kaɗai. Akwai wata dattijuwa a Vadakara, Meenakshi Amma, gwamnatin Indiya ta ba ta lambar Padma Shri a 2017, ta haura saba'in tana juya takobi cikin sari. Vadakara ba nisa da kai, ka hau jirgin ƙasa.

Sarkin_Fawa_Ƙarami:

Ni fa ban ga abin tayar da hankali ba. Ɗan Fagge, kai da ka taso a gidan dambe, layu nawa ka gani a damtsen 'yan wasa? Wa ya hana ka kallo? A arewacin Indiya ma filin kokawarsu, akhara, da wuya ka shiga ba ka tarar da gunkin Hanuman ba, ƙasar ma da man shanu da kurkum ake kwaɓa ta. Duk da haka zakaran da suka fi alfahari da shi, Gama, Musulmi ne, Ghulam Muhammad sunansa, shi ne ya je Landan a 1910 ya gagari Turawa. Shiga kawai, zuciyarka na wajen Allah.

Bazazzagi:

Haba Sarkin Fawa, kallo daban, rusunawa daban. Ba wanda ya ce wa yaron nan ya ɗaura laya kafin ya shiga gidan dambe, nan kuwa da jikinsa ake so ya yi. Hukunci ba nawa ba ne, ya kai wa malamai. Na dai gaya masa abin da tudun yake nufi ga masu shi, don raina musu ne ma a ce ado ne. Mutanen nan sai da Turawan Ingila suka hana su riƙe makami a farkon shekarun 1800, zamanin tawayen Pazhassi Raja, wasan ya kusa mutuwa, aka farfaɗo da shi a Thalassery cikin shekarun 1920. Abin da aka riƙe da wahala haka ba a cire masa kusurwa don baƙo ya zo.

Ɗan_Fagge:

Na gode ƙwarai, Yaya Bazazzagi, Allah ya saka da alheri. Jiya bayan Juma'a na yi wa ladan maganar, ya yi dariya ya ce ɗan ƙanwarsa ma yana zuwa wani, malamin Musulmi ne. Na kuma koma na gaya wa malamin abokina dalilina, bai ɓata rai ba, ya ce in dinga zuwa kallo daga bakin matakala. Ranar Litinin zan fara a wajen malamin nan Musulmi. An ce in taho da man riɗi da tawul, kuma kada in ci komai. Hajiya, maganar tausar nan, mako nawa maigida ya yi kafin ya ji sauƙi?